Kanwar Wata: Yadda Ake Gina Ma'adini Mai Haske da Ke Karkatar da Lokaci a Labarin Almara

A labaran yaƙi da almara da matasa ke rubutawa a Wattpad da zaurukan WhatsApp, da wuya ka rasa wani dutse ko zobe mai walƙiya wanda jarumi zai tsinta a kogo, ya taɓa shi, ya fito ya tarar shekara 40 ta wuce. Dabarar kanta ba ta da aibu. Ɓarnar tana zuwa ne can a babi na goma, inda dutsen nan da ya cinye shekara 40 a dare ɗaya zai koma aljihun jarumi, ana shiga kasuwa da shi ana fita, ba abin da ya sami kowa. Daga nan mai karatu ya gane dutsen bawan marubuci ne, sai ya daina jin tsoronsa. Maganin wannan lissafi ne: a yanka wa abin awo, a yanka masa iyaka, a rubuta a ajiye tun kafin a fara babi na ɗaya.

Ga misali cikakke, na sa masa suna kanwar wata. Ƙirƙira ce, babu ita a kasuwar Wudil balle ta Maigatari. Amma zan ɗora ta a kan abubuwan da aka tabbatar game da haske da lokaci, domin ƙarya a labari ta fi zama da gindinta idan ta jingina da gaskiya.

Abin da aka tabbatar

Babu wani ma'adini a duniya da haskensa ke taɓa lokaci. Abu biyu aka sani suna yin haka, gudu da nauyi. Albert Einstein ya bayyana na gudu a 1905, na nauyi a 1915. A 1971 wasu masana biyu a Amurka, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan atam a jiragen fasinja suka zaga duniya. Da aka yi gabas agogunan sun dawo da ragin kashi 59 cikin biliyan na sakan, da aka yi yamma suka dawo da ƙarin kashi 273. Taurarin ɗan'adam na GPS, waɗanda wayarka ke dogara da su wajen nuna hanya, suna shawagi a nisan kilomita kusan 20,200, kuma agogonsu yana gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana. Da ba a gyara wannan ɗan bambanci, kuskuren taswira zai riƙa ƙaruwa da kusan kilomita 10 kullum.

Abu biyu marubuci zai ɗauka a nan. Wanda lokacinsa ya ragu ba ya jin komai, bugun zuciyarsa daidai, yunwarsa daidai, sai ya haɗu da na waje sannan bambanci ya fito. Sannan babu komawa baya. Ana iya yin jinkiri, ana iya yin sauri, amma jiya ta tafi. Ka riƙe wannan doka ko don tsira da labarinka, domin da zarar jarumi ya iya komawa ya hana mutuwar uwarsa, babu sauran mutuwar da za ta girgiza mai karatu. Kuma ka kauce wa rigimar taɓa ƙaddara, wadda masu karatunmu ba sa ɗauka da wasa.

Ta ɓangaren haske kuwa, hannun agogon da ke ƙyalli da dare yawanci gaurayen sinadari ne, misali na zinki da farar wuta, wanda ke shan haske ya riƙe, ya riƙa sakinsa a hankali har ya mutu. Zafi yana sa ya saki da sauri. Wannan ɗabi'a ita za mu ara.

Dokokin kanwar

Kamanninta na jar kanwa ne, sai dai ta fi nauyi, kuma a ƙarƙashin ƙasa macacciya ce, ba haske ba aiki. Farin wata ne ke raya ta, shi ma a dare uku kawai, 13 da 14 da 15. Wannan yana da madogara: cikakken wata ya fi rabin wata haske kusan sau goma, ba sau biyu ba. Idan ta sha wata sai ta kama shuɗin haske, kuma duk inda hasken ya sauka lokaci yana yin jinkiri idan aka gwada da na waje. Inda haske bai kai ba, babu aiki. Ka rufe ta da ƙwarya, magana ta ƙare. Wannan doka ita ce ginshiƙi, domin ita ke ba mutanen labarinka hanyar sarrafa ta, kuma ita ke ba mugu hanyar cuta: ɗaga murfi kawai zai yi.

Awonta miskali ne, irin na masu zinariya, giram 4.25. Nisa kuma da taki ake auna shi. Haske na gaskiya yana raguwa ne da ninkin nisa a kan kansa, wato idan ka ninka nisa sau biyu ƙarfi ya koma kashi ɗaya cikin huɗu. Don haka lissafin shi ne: ka ninka miskali sau 4, ka raba da nisa sau nisa. Abin da ya fito shi ne kwanakin da duniya za ta ƙara a kan kowane kwana ɗaya naka. Miskali 1 a nisan taki 1, ƙari 4, kwananka ɗaya kwana 5 ne a waje. A taki 2, ƙari 1, kwana 2. A taki 4, kwana ɗaya da awa 6. Miskali 9 a taki 3 daidai yake da miskali 1 a taki 1. Ka sa iyaka a kusa: daga ɗani ɗaya zuwa jikinta ƙarfi ba ya ƙaruwa, yana tsayawa a 64 kan kowane miskali. In ba ka sa wannan iyaka ba lissafin zai tsere maka.

Yanzu a gwada shekara 40 ɗin nan. Da lissafin wata, kwana 14,160 ne. Idan ana so su wuce cikin dare ɗaya na awa 10, ana bukatar ƙarin kusan 34,000. A nisan taki 2 wannan miskali 34,000 ne, wato kilo 144 da ɗori. Ba zobe ba ne, bangon kogo ne. Kuma akwai ragi, domin kanwar tana rasa rabin ƙarfinta duk wata guda idan ba ta sha farin wata ba. Ko tana sha kowane wata, matsakaicin ƙarfinta bai kai kashi uku cikin huɗu ba, don haka sai an kai wajen kilo 200, buhu biyu cur. Kuma dole kogon ya kasance da ɓula a sama inda wata ke leƙowa. Ka ga lissafi da kansa ya zana maka kogon. Wanda ya san duwatsun Birnin Kudu, inda zanen shanun mutanen dā yake a jikin dutse, ko tsaunukan Rano, ko ramukan kuza na Riruwai, ya san irin wurin da zai ajiye shi.

Tambayar da ake mantawa ita ce, da agogon wa take mutuwa? Tana zaune cikin haskenta, lokacinta ya fi na kowa jinkiri. Ka yanke hukunci ka tsaya a kai. A nan na zaɓi kwanan duniya, saboda shi ne ke sa gajimaren watan Agusta da hazon hunturu su zama abin tsoro. Wata biyu a jere sama a rufe a daren 14, ƙarfi ya koma rubu'i.

Rana kashe ta take yi. Shanya ta wuni ɗaya daidai take da wata guda a duhu. Wuni 6 ya mayar da ita kashi ɗaya cikin 64, a nan ne ake iya taɓa ta da hannu a daka. Ana shanyar ne a fako nesa da gari, a kan falalen dutse, ba kan ciyawa ba, dalilin zai zo a gaba.

Akwai kuma toyayya. Ana zuba macacciyar a tukunya, a liƙe baki da yumɓu, a kai maƙera a zuga mata gawayin ƙirya dare guda. Idan ta sha wata bayan haka, jan haske take yi, kuma aikinta kishiya ne: lissafi ɗaya, amma na ciki ne ke sauri. Abu biyu ke lalacewa a nan. Idan aka toya ta da sauran rai, cikin tukunyar yana jinkiri, wutar dare guda ba ta ishe ta, sai ta fito bayanta ja cikinta shuɗi. Ranar da ta faɗi ta fashe, rabin ɗaki na gudu rabi na rarrafe. Na biyu ma'aji ne. Shuɗiya tana zama lafiya a tandu shekara da shekaru, fatar ma ba ta tsufa daga ciki. Ja kuwa tsofar da abin da ke jikinta take yi. Miskali ɗaya zai sa cikin tandu ya ci kwana 65 a kwana guda, tsufan shekara cikin ƙasa da kwana 6. Fata ta bushe ta tsage, haske ya ɓullo a cikin jakar mai ɗauke da ita. Ja sai batta ta tagulla ko ƙoƙon dutse.

Jiki, ɗaki da ƙofa

Kuskuren da ya fi yawa shi ne a sa jarumi ya riƙe ta a tafin hannu yana kallo. Hannun yana jikinta, ƙari 64. Zuciya tana nisan kusan taki ɗaya, ƙari 4. Zuciya na tura jini da saurin da ya ninka na hannun sau 13, jini na isa wuyan hannu ba ya samun wucewa. Damtse ya kumbura, jijiya ta fashe. Don haka masu sana'ar a labarinka da dogon awartaki suke ɗaukar ta, kuma za a san su da kumburarren hannu da ƙonannen yatsa. Irin wannan tabo ya fi rantsuwa goma tabbatar wa mai karatu cewa abin yana da haɗari.

To ta yaya mutum zai zauna cikin hasken lafiya? Sai hasken ya zo daidai ta kowane gefe. A cikin kewayayyen abu mai haske a duk jikinsa, haske ɗaya ne a ko'ina, kuma ginin da ya fi kusa da wannan siffa a ƙauyukanmu shi ne rumbun ƙasa. A gina shi da faɗin taki 4, tsakiyarsa taki 2 daga bango. A nan lissafi ya yi sauƙi, yawan miskali shi ne yawan ƙari. Miskali 19, giram 80 da 'yan kai, ya ba da kwana 20 a kan kwana ɗaya. Ana niƙa ta da laushi, a kwaɓa da farar ƙasa mudu 4 da ruwan ƙaro, a shafe bango da daɓe da shafi mara kauri. Kauri asara ne, abin da ke ƙasan shafin haskensa ba ya fita. Idan kwaɓin bai gaurayu ba, inda ta taru zai zama tabo mai ƙarfi, wanda ya jingina da wurin ya tashi da kumburi a gadon baya.

Rumbu yana da wata fa'ida, ana ɗage jinkarsa. A dare ukun nan sai a ɗage ta wata ya shiga, a mayar kafin asuba. Amma ba a hawa a ɗage da hannu. Wanda ya leƙa ciki ya shiga hasken, daren awa 10 zai wuce masa cikin rabin awa, yana gyara igiya rana ta fito. Da gora da igiya ake yi, ana tsaye a ƙasa inda bango ya tare.

Ga dalilin tsoron ranar. Wanda ke cikin ɗakin jinkiri yana karɓar zafin rana na wuni 20 a wuninsa ɗaya. Ba wanda zai rayu. Shi ya sa ciyawa ke kamawa a wurin shanya. Gaskiyar magana, in aka bi kimiyya har ƙarshe, ko ɗumin bango da dare zai gasa mutum idan ƙarin ya yi yawa. Nan ne marubuci ke da damar yin faci ɗaya: kanwar tana shanye ɗumin da ke ratso bango, amma ba ta iya shanye rana ido da ido. Faci ne, ba a musu. Halal ne muddin an faɗe shi da wuri, a bakin wani tsohon magini tun babi na biyu, ba ranar da jarumi ya shiga uku ba.

Ƙofa ita ce wuri mafi haɗari, domin ƙafar da ta shiga ta yi jinkiri, wadda ke waje ba ta yi ba. Tsarin gidan Bahaushe ya riga ya warware wannan: zaure, shigifa, sannan ɗaki. A shafa miskali 1 a na farko, 4 a na biyu, 19 a na uku, wato 2, sai 5, sai 20, a riƙa ƙara shafin a hankali a lungun da ke tsakani. Mai shiga da sanɗa zai shiga. Mai gudu, ko wanda aka jefa, shi ke faɗuwa a sume.

Magana ba ta ratsa ƙofar. Na waje yana jin muryar na ciki ta koma gurnani mai tsawo, yana ganinsa ja-ja, dushi-dushi, kusan a daskare. Na ciki yana jin na waje suna tsiwa, inuwarsu na gilmawa. Saƙo sai a allo. Kalanda kuwa tsakuwa ce: mai gadi ya jefa ɗaya a ƙwarya kowace asuba, na ciki ya ƙirga. Ranar da tsakuwa ta daina faɗowa, ya san wani abu ya sami mutanensa. Babi guda ke nan kyauta.

Me za a yi da ita a ƙauye

Mutanen karkara ba za su fara da yaƙi ba, da ajiya za su fara. Kwandon tumatir na kwana 5 zai kai kwana 100, ya tsallake lokacin da kaya ke zubewa a Kadawa da Garun Malam ya isa lokacin tsada. Hatsi a rumbu, ƙwarin cikinsa ma sun yi jinkiri. Wanda maciji ya sara a kwantar da shi kafin a ɗauko mai magani daga gari mai nisan kwana biyu, a wurinsa awa 5 ba ta cika ba an je an dawo.

Sai yunwa. Ƙasar Kano ta ga Kakalaba a 1913 zuwa 1914, ta ga farin 1973, don haka mai karatu ya san abin da ake nufi da tazarar da ke tsakanin ƙarewar rumbu da shigowar sabon gero. A ce kwana 120 ne. A takarda, iyali za su shiga su ci abincin kwana 6 su fito kaka. A aikace, saboda raguwar ƙarfi tsakanin wata da wata, kwana 8 ne zuwa 9. Idan gajimare ya hana shan wata sau biyu, guzurin zai ƙare damina ba ta raba ba. Kuma tambayoyin da ke ba da labari suna nan: wa zai tsaya a waje ya yi noma da yunwa? Wa ke zaɓen masu shiga, mai gida ko dagaci? Na waje yana da cikakken iko a kan na ciki, domin minti 5 nasu ya fi awa ɗaya da rabi a wurinsa. Kafin su miƙe tsaye ya kwashe gidan.

Jan ɗaki, wato wanda aka shafe da toyayyar kanwa, a ce mai kwana 5 a kan kwana ɗaya na waje, ya fi ruɗar marubuta. Kowa tunaninsa a shuka gero a girbe cikin kwana 18 maimakon 90. Ba zai yiwu ba, domin geron zai yi kwana 90 nasa da ranar kwana 18 kacal. Zai tsiro fari, ya yi tsawo siriri, ya kwanta. Ɗakin sauri duhu ne da sanyi, kuma iska tana ƙarewa saboda na ciki na shaƙa sau biyar fiye da yadda take shigowa. A hura wuta don ɗumi, ita ma ta ci iskar. Abin da ba ya bukatar rana shi ke yi: daddawar kwana 3 ta nuna cikin awa 14 da rabi, ƙwan kaza na kwana 21 ya ƙyanƙyashe cikin kwana 4 da 'yan awoyi, ɗorin kwana 40 ya kama cikin kwana 8. Amma mai karayar zai ci abincin kwana 40 cif, matan gida na ɗora tukunya sau 15 a wuni, kuma kwana 40 ne ya fita daga rayuwarsa, ba 8 ba.

A yaƙi, maharbi a jan haske yana sakin kibiya 5 kafin abokin gaba ya saki ɗaya, ko da yake kowace kibiya tana komawa gudunta na ainihi da ta fita daga hasken. Farashin yana jikinsa. Saurayi ɗan shekara 20 da ya yi wa sarki gadin shekara 10 a irin wannan soro zai fito ɗan 70, ya girmi uwar da ta haife shi. Sarkin da ke tara irin waɗannan dogarai ba ya bukatar a kira shi azzalumi a shafi ko ɗaya.

Guba

Kada a bar ta ba guba. Tarihin abubuwa masu haske cike yake da mutanen da kyau ya yaudara. Marie Curie da mijinta sun gano radiyom a 1898. Daga 1917 aka riƙa ɗaukar 'yan mata a Amurka suna shafa fentinsa a fuskar agogo, suna lasar bakin buroshi don ya yi tsini, har muƙamuƙinsu ya ruɓe. A watan Satumba na 1987, a birnin Goyaniya na Birazil, masu tsintar ƙarfe suka fasa tsohuwar na'urar asibiti suka sami gari mai shuɗin haske, siziyom ne. Aka raba wa dangi ana sha'awa. Mutum 4 suka mutu, kusan 250 suka gurɓata, aka duba sama da mutum 100,000. Wannan ba almara ba ce, kuma masu sana'ar gwangwan su ji: duk garin da ke haske da kansa a cikin tsohon ƙarfe, a bar shi a nisance shi. A gida kuma, a 2010 gubar dalma ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Zamfara saboda ana daka duwatsun zinariya a cikin gidaje. Ƙauyen mahaƙa a labarinka haka zai kasance. A jiƙe ake niƙa kanwar, a bayan gari, ba a turmin gida ba. Kafin 12 ga wata a binne ɓarɓashin bakin rami da ƙasa. Shekarar da aka yi sakaci ruwa ya wanke shi zuwa tafki, tafkin zai yi haske a daren 14, akuyar da ta sha ta kwana da kumburin ciki.

Wanda ya fito

Nan ne labarin yake, kuma nan ake gaggawa. A mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi, matar da mijinta ya ɓata ana yanka mata shekara 4 daga ranar da ta kai ƙara, sannan ta yi takaba wata 4 da kwana 10. Jimla kwana 1,544 ko kusa da haka. A ɗakin 20, kwana 77 ne. Mutumin da aka kulle a asirce wata biyu da rabi zai iya fitowa ya tarar matarsa ta tare a gidan wani da halattaccen aure. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta har sai ya kai shekarun da sa'o'insa ba sa wucewa, don haka gonarsa tana nan, wataƙila a jingine. Salla da azumi ma tambaya ce: da ranar wa zai yi? A hadisin kwanakin Dujal, inda wuni ɗaya yake da tsawon shekara, an yi umarni da a ƙaddara lokutan. Marubuci ba mai fatawa ba ne, amma ya sa malamin garin ya fuskanci tambayar. Ƙissar Ashabul Kahfi da ta mutumin da aka matar shekara 100 a Suratul Baƙara ayoyin Allah ne. Mutanen labarin za su tuna da su, amma kada ma'adininka ya zama bayaninsu.

Ta yaya zai tabbatar wa alƙali? Da jiki. Gashi yana tsawon santimita ɗaya a wata, farcen hannu milimita 3, yana sabunta gaba ɗaya cikin wata 6. Amaryar da ta ɓace ranar kamu ta dawo bayan shekara 5 da lallen bikinta a farce, rabinsa yana nan, ta zo da hujjar da mata za su gane kafin maza. A ɗakin 20 shekara 5 wata 3 ne, don haka ka zana lallen ya ja baya da kusan santimita ɗaya, ba sabo fil ba.

Idan labarin ya taɓo zamaninmu, alamomin suna nan da kwanan watansu. Wanda ya shiga kafin Turawa su ci Kano a 1903 zai fito da wuri a jaka. Na 1972 zai fito da fam da sule, naira ta zo ranar 1 ga Janairu 1973. Mutumin Ringim ko Gumel da ya shiga a farkon 1991 ɗan jihar Kano ne, bayan 27 ga Agusta ya zama ɗan Jigawa. Masuncin fadamar Haɗeja da ya shiga kafin a gama dam ɗin Tiga a 1974 zai tarar ambaliya ta canza hali, kachala ta toshe hanyoyin ruwan da ya sani.

Kayan aikin marubuci a nan takarda ce mai layi uku: kwanan duniya, kwanan kowane mutum da ya taɓa shiga haske, da ƙarfin kanwar a ranar. A cike ta a ƙarshen kowane babi. A yi lissafin duka da kwanaki, sai a ƙarshe a mayar shekaru, kuma a tsaya a kalanda ɗaya. Shekarar wata tana gaza ta rana da kwana 11, cikin shekara 33 bambancin ya kai shekara guda. Shan kanwar yana bin wata, damina da kaka suna bin rana, don haka wanda ya shiga cikin azumin da ya faɗo a tsakiyar damina, ya yi shekara 16 a lissafin waje, zai fito ya tarar ana azumi cikin sanyin hunturu.